Wai wane ne Kojo Nnamdi ɗin nan da ake ji a rediyo da tsakar rana?

Sabon_Zuwa_MD:
Assalamu alaikum mutanen zaure. Tambaya gare ni, amma don Allah kada a yi min dariya. Watana huɗu ke nan a Maryland. Motar da yayana ya ba ni nake kai saƙo da ita, rediyonta a kan 88.5 na same ta, ni kuma ban taɓa murɗa ta ba. Juma'ar da ta wuce da sha biyun rana ina hanyar masallaci sai na ji wani dattijo mai murya a natse ya tsare wani ɗan majalisar gari da tambayoyi, jama'a kuma suna bugo waya. Da zai rufe sai na ji ya ce sunansa Kojo Nnamdi. To Nnamdi dai na san sunan Ibo ne, Kojo kuma an ce na Ghana ne, harshensa kuwa bai yi kama da na ko ɗaya ba. Ɗan ina ne? Kuma yayana ya ce da can kullum yake yi, ba Juma'a kaɗai ba. Me ya faru?

Maman_Ilham:
Wa alaikumus salam. Barka da zuwa ƙanena. Ai ka makara, ka zo an riga an kwashe tabarmi. Da Litinin zuwa Juma'a yake yi, sha biyu zuwa biyu. Shi ya kafa shirin, sunansa ma aka sa masa. A 2021 ya ajiye na kullum ɗin.

Baffa_Tasi:
Maman Ilham, gyara kaɗan. Ba shi ya kafa ba, gado ya yi. Ni na fara jan tasi a Washington a 1996, kuma wanda na tarar a kan wannan kujera da tsakar rana Derek McGinty ne, matashi a lokacin, ɗan garin, mai saurin baki. Sai da talabijin ta ɗauke shi sannan Kojo ya zo. Kai kuma yaro, mutumin naka ba Ibo ba ne, ba Asante ba ne. Ɗan Guyana ne, can gefen Benezuwela.

Maman_Ilham:
Tuba nake Baffa. Ni a 2004 na zo, da sunansa na tarar da shirin.

Sabon_Zuwa_MD:
Guyana kuma? To ina ya samo Nnamdi?

Malam_Tarihi:
Bari in jera muku yadda abin yake, don na daɗe ina bibiyar wannan gidan rediyo.

Sunan tashar WAMU, mallakar jami'ar American University ce, ta fara watsa shiri a zangon FM a 1961. McGinty ya riƙe shirin daga 1991 zuwa 1998, sannan ya koma gidan talabijin na CBS. Bayan tafiyarsa aka sauya wa shirin suna zuwa Public Interest, kuma a ƙarshen Agustan 1998 Kojo ya hau. A wancan lokacin NPR, cibiyar rediyon jama'a ta Amurka, tana ɗaukar shirin tana rarraba wa tashoshin wasu jihohi. A 2002 aka daina rarrabawar, aka sa masa The Kojo Nnamdi Show, ya koma na gida. Shiri na ƙarshe na kullum an yi shi ranar 1 ga Afrilun 2021, ke nan ya yi kusan shekara 23 a kai. Abin da ka ji ranar Juma'a shi ne The Politics Hour, wanda dama can ɓangare ne na shirin, shi kaɗai aka bari.

Batun suna kuwa, sunan yankansa Rex Paul. An haife shi ranar 8 ga Janairun 1945, lokacin Guyana tana hannun Ingila. Ya tafi karatu jami'ar McGill a Kanada, ya zauna New York, ya iso Washington a 1969. Zamanin ne da matasan baƙar fata suke yar da sunayen da suka gada daga bauta suna ɗaukar na Afirka. Da farko ma a tashar WOL da wani suna na Suwahili yake fita, Brother Uwezo. Daga baya ya tsaya a kan Kojo Nnamdi, kuma Nnamdi ɗin daga Nnamdi Azikiwe ya ɗauko.

Ɗan_Zango_Kumasi:
Kojo kam namu ne. Namijin da aka haifa ranar Litinin, Asante su ce Kwadwo, Fante su ce Kojo. Macen kuma Adwoa. Yanzun nan na duba kalanda, 8 ga Janairun 1945 Litinin ce cif. Ashe bawan Allah bai yi shaci-faɗi ba, ya yi lissafinsa.

BaKatsine_VA:
Ashe Ɗanliti ne. Da ya tuntuɓe mu da Tanimu Azikiwe muka raɗa masa.

Maman_Ilham:
Kai BaKatsine ba ka da dama 😂

Malam_Tarihi:
Kuna wasa, amma da ya zo da sunan Hausa ma bai yi nisa da gida ba. Azikiwe a Zungeru aka haife shi a 1904, kuma da Hausa ya tashi a bakinsa yana yaro. Ya yi karatu a jami'ar Howard ta nan Washington kafin ya koma Lincoln, ya kuma yi aikin jarida a Accra kafin ya dawo Legas. Shi kuma Kojo a gidan rediyon Howard ɗin, WHUR, ya goge daga 1973, yana kula da labarai, sannan ya riƙe shirin Evening Exchange a talabijin ɗin jami'ar daga 1985 har 2011. Wato shekara goma sha uku yana haɗa biyu, rediyo da rana, talabijin da dare. Abin da ke ba ni sha'awa, shirin labarai na farko da ya tace a WOL sunansa Sauti. Daga Suwahili suka ɗauko, amma ai kalmar tamu ce mu ma, duk daga Larabci muka aro.

Baffa_Tasi:
Malam ya kawo shekaru, ni bari in kawo abin da na gani daga bayan sitiyari.

Ku da kuka zo zamanin waya mai taswira ba za ku gane yadda rediyo take ga ɗan tasi ba. Awa goma sha biyu kana zaune a kujera ɗaya. Da safe Diane Rehm, goma zuwa sha biyu, ita manyan maganganu take yi, fadar White House, yaƙi, marubuta. Muryarta tana rawa saboda wata lalurar maƙogwaro, amma ba wanda ya isa ya raina ta. Ana buga sha biyu sai a sauko ƙasa. Makarantun gari, kuɗin haya, jirgin ƙasa na Metro da ya tsaya a rami, 'yan sanda, shara. A nan na san garin da nake ci a cikinsa. Na yi shekara da shekaru ina wuce ginin majalisar dokoki ban san mutanen Washington ba su da mai jefa musu ƙuri'a a ciki ba. Suna da wakiliya, Eleanor Holmes Norton, tana magana, tana zama a kwamiti, amma in an zo ƙuri'ar ƙarshe a zaure sai dai ta kalla. A rediyon nan na fahimci abin da rubutun da ke kan lambar motata yake nufi, wato muna biyan haraji ba mu da wakilci. Ni da nake yawo da rubutun a bayana kullum.

Sai kuma rikicin mita. Da can tasin Washington ba ta da mita. An yanka garin shiyya-shiyya, akwai taswira manne a bayan kujera, kuɗinka gwargwadon shiyyoyin da aka ƙetare. Baƙo bai taɓa ganewa ba, kullum gani yake an cuce shi, wani lokacin kuma, tsakani da Allah, an cuce shin. Da magajin gari Adrian Fenty ya ce sai mita, muka yi yajin aiki ranar 31 ga Oktoban 2007. A 2008 aka ɗaura mana ita ko muna so ko ba ma so. A watannin nan in ka je layin tasi na Union Station da rana, gilasai a sauke, mota bayan mota tasha ɗaya ake ji. Yawancin abokan aikina 'yan Habasha ne, in an taɓo maganar sai ka ga mutum ya fito daga mota yana nuna rediyo da yatsa kamar tana ganinsa.

Ni ma na taɓa buga lambar. Wata yarinya ta ɗauka ta tambayi sunana da unguwata da abin da zan ce, ta ce in kashe rediyo in jira. Ina jira, na shirya Turancina tsaf, sai ga fasinja ya buɗe ƙofa da akwati biyu, filin jirgin Dulles za shi. Na dubi waya, na dubi akwati. Na kashe waya.

Sabon_Zuwa_MD:
Haba Baffa! Da yanzu kana cikin tarihi.

Baffa_Tasi:
Tarihi ba ya biyan kuɗin haya, yaro. Dulles kuwa tafiya ce mai tsoka.

BaKatsine_VA:
To ni bari in ɓata muku miya. Ana ta yabo kamar ba a taɓa yin mai gabatarwa ba sai shi. Ni na saurara na shekaru, kuma abu biyu ban gamsu da su ba. Na ɗaya, sanyinsa ya yi yawa. Ɗan siyasa zai zo ya yi ta kewaye-kewaye, maimakon a shaƙe shi sai a yi dariya a ce bari mu ɗauki kira. Na biyu, su wa ke saurare? Ku faɗi gaskiya. Masu digiri ne na arewa maso yammacin gari da Bethesda da Arlington. Je ka ƙetaren kogin Anacostia ka shiga shagon aski, WHUR za ka ji ko wata tashar kiɗa. Shirin gari ne, amma na wane ɓangaren gari?

Maman_Ilham:
Na biyun akwai ƙamshin gaskiya. A asibitin da nake aiki, in na kunna a ɗakin hutu, likitoci ne ke cewa ƙara murya, masu goge-goge kuma su ce Hajiya canza mana. Amma na farkon ban yarda ba. Sanyin nan dabara ce. Zai yi tambaya gajera, ka zuba, ka zuba, ya bar ka, sai ya maimaita tambayar da kalmomin da ya fara, kamar bai ji ka ba. Karo na uku kai da kanka za ka ji kunya. Kakata haka take mana in mun dawo gida a makare. Ba ta ɗaga murya, amma sai ka gwammace bulala.

Malam_Tarihi:
BaKatsine, shirin Juma'a ai mutum biyu ne, kuma an raba aiki. Tom Sherwood, tsohon ɗan rahoton Washington Post da tashar NBC4, shi ne mai cizo, Kojo shi ne mai hura iska. Kafin Sherwood an yi Mark Plotkin, wanda maganar a mayar da birnin Washington jiha ta zame masa kamar wuridi, an kuma yi Jonetta Rose Barras. Duk cikinsu babu mai sanyin baki. In mai gida ma ya zama mai faɗa, wane magajin gari ne zai sake dawowa? Amfanin abin shi ne su dawo. Marion Barry ya zo, Anthony Williams ya zo, Fenty, Vincent Gray, Muriel Bowser, da shugabannin ƙananan hukumomin Montgomery da Prince George's da Fairfax.

Batun ƙetaren kogi kuma su ma sun san da shi. Shi ya sa suke ɗaukar shirin su kai shi unguwa, Kojo In Your Community, a coci ko makaranta ko ɗakin taro, a miƙa wa mutane makirfo. Ko hakan ya wadatar, wannan wata magana ce.

BaKatsine_VA:
Bai wadatar ba. Zuwa unguwa sau ɗaya a wata uku ziyara ce, ba zama ba.

Ɗan_Dabo_Kano:
Salamu alaikum. Ni daga Kano nake bin ku, ƙanwata ce ta sa ni a zauren. Abin da ya ɗaure min kai, kuna ta cewa rediyon jama'a. Na gwamnati ke nan? In na gwamnati ne yaya za a yi magajin gari ya zauna ana titsiye shi? Mu nan in ka ji tashar jiha, to aikin gwamna za ka ji daga safe har dare. In ta 'yan kasuwa ce kuma, ɗan siyasa ya sayi minti goma ya turo sojojin baka su yi ta yi.

Malam_Tarihi:
Ɗan Dabo, nan ne mutanenmu suke rikicewa, don mu abu biyu muka sani, na gwamnati da na ɗan kasuwa. Wannan na uku ne. Muryar Amurka da kuka sani, wadda ta buɗe sashen Hausa a 1979, ita ce ta gwamnati, kuma don ƙasashen waje aka yi ta. WAMU kuwa lasisinta na jami'a ne, ba a kafa ta don riba ba, ba ta sayar wa ɗan siyasa fili. Kuɗinta mafi yawa daga aljihun masu saurare yake fitowa, da kamfanoni da gidauniyoyi masu tallafi waɗanda ake ambatar sunansu a taƙaice. Dokar da ta shimfiɗa tsarin an yi ta a 1967, ita ta haifi hukumar CPB wadda ta riƙa raba tallafin tarayya, aka kafa NPR a 1970. NPR ba ta mallaki tashoshin ba. Kowace tasha cin gashin kanta take, tana sayen shirye-shiryen ƙasa daga NPR, ta cike sauran lokaci da nata. Na Kojo cikin nata yake.

Maman_Ilham:
Malam ka manta da makon bara 😂 Ɗan Dabo, sau biyu ko uku a shekara sai su katse shiri su yi ta roƙo. A kira wannan lamba, a ba da ko dala goma a wata, za a aiko maka da kofin shayi ko jakar cefane. Har tsohuwar motarka suna karɓa. Na yi shekara shida ina ji kyauta ina toshe kunne. Ranar da na ba da kuwa, 'yata ce ta kunyata ni. Muna mota tana 'yar shekara tara, ta ce Mama kullum kina jin mutumin nan, in ya roƙa kuma sai ki canza tasha. Har yau jakar tana nan, da ita nake zuwa sayen doya da manja a Langley Park.

Ɗan_Dabo_Kano:
Ikon Allah. A ce wa Bakano ya biya kuɗin rediyon da yake ji kyauta? Sai dai in za a gaishe shi da matarsa da 'ya'yansa bakwai a ciki.

Ɗan_Maraɗi:
To ai ka faɗi da bakinka. Mutanenmu suna biya, ta wata ƙofa ce kawai. Katin gaisuwa fa? Sanarwar aure da suna da rasuwa fa? Mu nan Nijar rediyon karkara da yawa da irin wannan suke sayen man janareta. Iyayenmu da suka riƙa aika kati Kaduna don a karanta a Zaɓi Sonka kuɗi suka kashe, har ƙungiyoyi suka kafa. Bambancin, mu muna biya a faɗi sunanmu, su suna biya a tambayi magajin gari ina kuɗin gyaran hanya.

BaKatsine_VA:
Ɗan Maraɗi ka yi magana.

Baffa_Tasi:
Tunda an zo kan kati, ni abin da ya riƙe ni a tashar nan tun farko ba ma hira ba ce. Da can bayan azahar kiɗan ƙauyen Turawa suke sakawa, bluegrass, mai banjo da goge. Ranar farko da na ji na rantse gurmi ne. Na ce wa wani fasinja haka, farfesa ne, ya ce ai ban yi kuskure ba, bayi ne daga Afirka ta Yamma suka zo da asalin banjo. A 2001 suka cire kiɗan daga ranakun aiki suka cike da labarai, tsofaffin masu saurare suka yi ta fushi.

Ɗan_Zango_Kumasi:
Baffa daga Kojo mun koma gurmi.

Admin_Zaure:
Jama'a a dawo kan tambayar Sabon Zuwa. Ya tambayi me ya sa aka daina na kullum, har yanzu ba wanda ya amsa masa.

Malam_Tarihi:
Gaskiyar Admin. A Janairun 2021 aka sanar, yana da shekara 76. Ritaya ce ta rabi, ya ajiye na kullum ya riƙe na Juma'a. Kafin nan ma an riga an rage shirin daga awa biyu zuwa ɗaya, aka tattara shi kan lamuran yankin kawai. Shekararsa ta ƙarshe kuma ta faɗo cikin korona, har ya buɗe wani fili na yara, Kojo For Kids, yara suna bugowa daga gida suna yi wa baƙi tambaya.

Abin da ni ya fi damuna ba tafiyarsa ba ce, kowa zai tafi. Kujerar ce ba a ɗora kowa a kai ba. Da McGinty ya tafi an nemo Kojo. Da Diane Rehm ta ajiye a ƙarshen 2016 an kawo shirin 1A da Joshua Johnson, bayansa Jenn White. Amma 1A na ƙasa baki ɗaya ne, ana sayar wa ɗaruruwan tashoshi. Na gida ba mai saye sai gida, ga shi yana cin ma'aikata, masu nemo baƙi, masu tace kira, masu bincike kullum. Don haka da ya tashi sai aka cike gurbin da shirye-shiryen ƙasa.

Maman_Ilham:
Wallahi wannan shi ne. Ni ban ma lura ba sai da lokacin zaɓen hukumar makarantu ya zo, na rasa inda zan ji 'yan takara. Da a mota nake jin su ina hanyar aiki.

BaKatsine_VA:
To ba ga shi ba. In da shirin na gari ne da gaske, da gari ya hana shi mutuwa. Shirin mutum ɗaya ne, mutumin ya gaji, shiri ya kwanta. Kuskuren tun 2002 aka yi shi, da aka sa masa sunan mutum. Public Interest kowa zai iya gada. Wa zai zauna a shirin da ke ɗauke da sunan wani?

Baffa_Tasi:
A'a BaKatsine. Kafin nan ma ai sunan mutum gare shi, The Derek McGinty Show, kuma an gada. Cire allo a kafa wani ba shi ne wahala ba. Kuɗi ne, kamar yadda Malam ya ce.

Malam_Tarihi:
Kuma abin bai tsaya nan ba. WAMU ta karɓi shafin labaran gari na DCist a 2018, ta rufe shi a Fabrairun 2024 tare da sallamar ma'aikata. A Yulin 2025 majalisar dokoki ta janye dala biliyan 1.1 da aka riga aka ware wa CPB, hukumar ta ce za ta naɗe tabarmarta. Manyan tashoshin birni irin wannan za su ji jiki amma suna da masu hannu da shuni a kusa. Ƙananan na ƙauyuka da yankunan 'yan asalin ƙasar su ne tallafin ya fi riƙewa.

Ɗan_Dabo_Kano:
Ashe ku ma kuna da naku. Mu muna nan muna cewa komai na can a tsare yake.

Hajiya_Bowie:
Na daɗe ina karantawa ban sa baki ba. Duk kun tafi siyasa, ba wanda ya tuna ranar Talata. Ni saboda Talata nake ji. Akwai masu kwamfuta da suke zuwa sau ɗaya a wata, tun zamanin McGinty aka fara, suna tsokanar juna tsakanin mai son Apple da mai son Windows, mutane suna kira da matsalarsu. Maigidana, Allah ya jiƙansa, bai yarda a taɓa masa kwamfuta ba sai ya ji abin da suka ce. Laraba kuma abinci. A nan na fara jin ana maganar gidajen abincin Habasha da na Salbado da mutunci, ba kamar abincin baƙin haure ba.

Kuma BaKatsine, game da su wa ke saurare. Ni da na zo ban iya Turancin kirki ba, na makarantar 'yan mata ne kawai. Talabijin sauri suke, ba na kamawa. Shi wannan bawan Allah a hankali yake magana, yana fitar da kowane harafi, irin Turancin malamanmu na da. Ina ninke kaya ina maimaitawa. Ban da digiri, ban zauna Bethesda ba.

BaKatsine_VA:
Allah ya jiƙan Alhaji, Hajiya. Na janye rabi. Rabin ina nan a kai.

Maman_Ilham:
Amin ya Allah. Hajiya kin tuna min, lokacin da aka sa harajin santi biyar kan ledar cefane a 2010 don tsabtace Anacostia, yadda mutane suka yi ta kumfar baki kai ka ce gida aka ƙwace musu. Santi biyar fa.

Ɗan_Zango_Kumasi:
Tambaya ɗaya kafin a watse. Mu da muke nesa za mu iya ji?

Malam_Tarihi:
Ƙwarai, a shafinsu na intanet kai tsaye, ko ka sauke daga baya. Sha biyun Washington ƙarfe huɗu ne na yamma a Kumasi, biyar a Kano da Maraɗi. In sanyi ya shigo suka mayar da agogo baya a Nuwamba, sai ka ƙara awa ɗaya. Amma in gaya maka gaskiya, in ba ka san unguwannin ba, rabin maganar za ta wuce ka. Za ka ji an kwashe minti ashirin kan layin bas guda.

Ɗan_Dabo_Kano:
To ai mu ma in Ba'amurke ya ji ana rigima kan magudanar ruwan Kurna ba zai gane ba. Zan gwada dai, bayan la'asar ne.

Sabon_Zuwa_MD:
Na gode ƙwarai iyayena da yayyena. Tambaya ɗaya na yi na samu goma. Amma har yanzu ban ji an daidaita ba, shirin na McGinty ne da Kojo ya gada, ko na Kojo ne da McGinty ya share wa fili?

Baffa_Tasi:
Na McGinty ne. Shi ya sa harsashi.

Maman_Ilham:
Shekara bakwai da shekara ashirin da uku, Baffa? A'a.

BaKatsine_VA:
Na Ɗanliti ne.

Baffa_Tasi:
Kai dai yaro, Juma'a mai zuwa in masallacin Massachusetts Avenue za ka, ka fito da wuri. In ka bari sai shirin ya ƙare sannan ka nemi wurin ajiye mota, a bakin titi za ka yi salla, kuma takardar tara tana jiranka a gilashi.

Sabon_Zuwa_MD:
Baffa ai ta riga ta same ni makon jiya. A ina ake biya?